Ƙirjin Talotalo a Tukunyar Sannu-sannu: Me Ya Sa Yake Bushewa Cikin Romo?

Akwai ƙorafin da ke yawan fitowa daga bakin waɗanda suka dafa ƙirjin talotalo a tukunyar lantarkin nan mai nunar da abinci a hankali. Sai ka ji mutum na cewa ya bar naman awa takwas yana dahuwa, da ya ɗauko shi har wargajewa yake yi don laushi, amma da aka kai baki kamar auduga ake taunawa. Wanda bai taɓa ci ba zai ɗauka maganar ta ci karo da kanta. Ta yaya naman da ya wuni cikin ruwa zai bushe? Ta yaya kuma abin da ke rabewa da cokali zai tsaya a maƙogwaro? Haka kuwa yake faruwa, kuma dalilin yana tsakanin abu biyu: yadda tsokar ƙirjin take, da kuma aikin da aka ƙera tukunyar dominsa.

Tukunyar ba ta da wata sarƙaƙiya. Mazubi ne na tangaran mai kauri, zaune cikin gida na ƙarfe da wayoyin zafi suka zagaye, sai murfi, galibi na gilashi. Wutar da take sha ba ta taka kara ta karya ba, wajen wat 200 zuwa 300 a yawancin manyan. Wani Ba'amurke, Irving Naxon, shi ya samu takardar mallakar fasaharta a 1940. Abin da ya zaburar da shi labari ne da mahaifiyarsa ke ba shi na wani abincin Yahudawan Lituwaniya, na wake da nama, wanda ake kaiwa gidan burodi ranar Juma'a a bar shi cikin ragowar zafin tanderu ya kwana yana nuna. A matsayin tukunyar wake ya fara sayar da ita. A 1970 kamfanin Rival ya sayi kamfanin nasa, a 1971 kuma ya fito da ita da sunan Crock-Pot, sunan da har yau mutane da yawa ke kiran kowace irinta da shi ko da wani kamfani ne ya ƙera.

Wannan tarihin ba don ado na kawo shi ba. Asalin tukunyar na wake ne da nama mai jijiya, wato abubuwan da daɗewa a wuta ke gyarawa. Ƙirjin talotalo kuwa ba ya cikin wannan dangin ko kaɗan.

Sai kuma kuskuren fahimta da ya fi kowane yawa, wanda ya shafi maɓallin da ke gabanta. A jikinsa za a ga an rubuta Low da High, a wasu har da Warm, wato ɗumi. Mutane na ɗauka ta farkon ƙaramin zafi ce, ta biyun babban zafi. Masu ƙera Crock-Pot da kansu sun ce ba haka ba ne: duka biyun a wuri ɗaya suke tsayawa, wajen digiri 98 a ma'aunin Salshiyas, dab da tafasa. Bambancin kawai tsawon tafiyar. Ƙaramar wuta takan ɗauki awa 7 zuwa 8 kafin ta kai can, babbar kuma awa 3 zuwa 4. Tukwane sun bambanta da juna, amma ka'idar ɗaya ce. Ke nan duk wanda ya sa nama a ƙaramar wuta ya kama gabansa, ya ɗora shi ne a kan hanyar da ƙarshenta ya zarce zafin da ƙirjin talotalo ke buƙata da fiye da digiri 20. Sannu ba ta hana zuwa, ai kuwa za ta je, kuma inda za ta je ɗin ne matsalar.

Tsokar da ba ta saba wahala ba

Talotalon daji da ƙafa yake wuni yana kiwo. Fiffike ba ya aiki sai in an firgita shi, ko zai hau bishiya ya kwana, shi ma tashi ne na ɗan gajeren zango. Saboda haka cinyarsa tsoka ce ta aikin yau da gobe: tana da maiƙo, tana da jijiya, tana kuma cike da wani sinadari mai riƙe iskar shaƙa da ake kira mayogulobin, wanda shi ke ba ta duhun launi. Ƙirji kuwa tsoka ce ta yunƙuri ɗaya, fara, mai ƙarancin kitse da ƙarancin jijiya. Talotalon da ake kiwo don kasuwa, wanda akasarinsa farin nan ne mai faɗin ƙirji da ake kira Broad Breasted White, an yi ta zaɓen irinsa har ƙirjin ya yi girman da tsuntsun ba ya iya tashi, ba ya ma iya barbara da kansa sai an yi masa da hannu. Tsoka ce tuli guda wadda ba ta taɓa yin wani aikin kirki ba.

Ɗanyen nama kusan kashi uku cikin huɗu na nauyinsa ruwa ne, kuma ruwan yana maƙale ne a tsakanin zaruruwan furotin kamar yadda soso ke riƙe ruwa. Da zafi ya kai wajen digiri 50, rukunin farko na furotin ɗin ya fara daskarewa, naman ya fara fari yana ɗan tauri. Tsakanin 60 da 65, siririn rufin da ke naɗe da kowane zare ya soma tsukewa, ya matse abin da ke ciki. Daga 70 zuwa sama, wani rukunin ya ƙara ɗaurewa, ruwa ya ci gaba da fita. Hannu ne ke matsar soso, kuma kowane digiri ƙarin matsa ne. Ruwan da ya fita kuwa ba ya komawa, ko da naman na ninƙaya a cikinsa, domin gurbin da yake zaune a da ya riga ya rufe.

To me ya sa ƙaurin sa ko wuyan rago ba sa yin haka, alhali su ma ana matse su? Ana matse su ƙwarai, ruwansu ma yana fita. Sai dai suna da abin da ke rufa musu asiri. Jijiyar da ta yi musu yawa, wadda masana ke kira kolajin, in ta daɗe a zafin da ya haura digiri 70 sai ta narke ta zama wani abu mai yauƙi da danƙo, irin wanda ke sa romon ƙafa ya daskare in ya huce. Wannan yauƙin da narkakken kitse su ke lulluɓe zaruruwan, baki ya ji laushi da damshi. Ƙirjin talotalo ba shi da wannan jarin. 'Yar jijiyar da yake da ita ta isa ta narke ta saki zaruruwan, shi ya sa yake wargajewa, amma ba ta isa ta jiƙa su ba. Abin da ya rage a faranti zaruruwa ne matsattsu da ba abin da ke haɗa su. An ce mai haƙuri yakan dafa dutse har ya sha romonsa. A nan ma za a sha romo mai daɗi, domin duk daɗin naman can ya koma.

Mai karatu zai ce, to don me za a wahalar da kai? A ganina tukunyar tana da fa'idar da oben ba shi da ita, in an san inda za a tsayar da ita. A oben mai zafin digiri 170 ko 180, kafin tsakiyar ƙirji mai kauri ta nuna, gefensa ya daɗe da wuce ƙa'ida. A tukunyar sannu-sannu zafin a hankali yake ratsawa, cikin tururi, saboda haka tazarar da ke tsakanin gefe da tsakiya ba ta da yawa, kuma saman naman ba ya ƙeƙashewa. Lokacin da ke tsakanin "ya nuna" da "ya zarce" ya fi na oben tsawo. Ga shi ta bar oben ga sauran girki, ba ta kuma turara kicin. Abin da ba za ta yi ba shi ne alkawarin da aka san ta da shi, na a zuba da safe a dawo da yamma.

Lambar da ake nema

Ma'aikatar Noma ta Amurka ta tsayar da digiri 165 a ma'aunin Farenhait, wato 74 a Salshiyas, a matsayin zafin da cikin naman kaji da talotalo zai kai kafin a ci. Abin da ake gudu ƙwayoyin cuta ne irin su salmonela da kamfilobakta, waɗanda ake yawan samu a ɗanyen naman tsuntsaye. An zaɓi 74 ne saboda a nan ƙwayoyin ke mutuwa nan take, ba sai an ƙirga mintoci ba. Amma teburorin ita ma'aikatar sun nuna cewa kisan aikin zafi ne da lokaci tare: naman da ya tsaya a digiri 66 na 'yan mintoci ya samu tsaftar wanda ya taɓa 74 na daƙiƙa. Shi ya sa ƙwararrun masu girki da yawa ke sauke ƙirji a wajen 70 ko 71, su rufe shi ya huta, zafin da ke gefe ya ci gaba da ratsawa ciki.

Ina da 'yar togaciya game da wannan dabarar a tukunyar sannu-sannu. Naman da ya fito daga oben gefensa na da zafi sosai, don haka tsakiyarsa kan ƙara digiri da dama bayan an sauke. Wanda ya fito daga tukunya mai sanyin hali bai tara irin wannan zafin a gefe ba, ƙarin da zai yi kaɗan ne. Wanda zai sauke da wuri, ya bar ma'aunin a jiki ya ga inda ya tsaya da idonsa. In kuwa a cikin masu ci akwai ƙananan yara, mai juna biyu, tsoho ko marar lafiya, a kai 74 a huta da lissafi. A 74 naman na nan da damshinsa. A 85 ne yake zama abin tausayi.

Duk wannan magana ta dogara ga ƙaramin abu guda, ma'aunin zafi mai tsinke. A soka shi a wuri mafi kauri, ta gefe, kada ya taɓa ƙashi, a kuma gwada wuri biyu ko uku a ɗauki mafi ƙanƙantar lamba. Wanda ya fi dacewa da wannan tukunyar shi ne mai doguwar waya, wanda tsinken ke zama cikin nama allon kuma yana waje, sai a riƙa duba ba tare da an ɗaga murfi ba. An ce ido ba mudu ba ne amma ya san kima. A wannan wurin bai sani ba. Naman talotalo na iya nuna sarai ya rage da ɗan ja-ja, musamman kusa da ƙashi, wani kuma ya yi fari fat bai kai ba. Ɗan maɓallin robar nan da wasu kamfanoni ke sokawa a ƙirji, mai tasowa in nama ya nuna, shi ma ba abin dogaro ba ne, don sau da yawa sai an wuce wurin yake tasowa.

Kafin a kunna wuta

Abu na farko, kada a sa daskararren nama. A nan ba ra'ayi ake yi ba. Tsakanin digiri 4 da 60 ne ƙwayoyin cuta ke hayayyafa, har wasu kan ninka yawansu cikin minti 20. Tukunyar da a hankali take ɗumama, in aka ɗora mata dunƙulen ƙanƙara mai kilo biyu ko uku, za ta bar saman naman awanni a cikin wannan zangon kafin zafi ya ci ƙarfinsa. Mutum zai ce ai daga baya zai dahu. Zai dahu, amma wasu ƙwayoyin suna barin dafin da zafi ba ya kashewa. A narkar da shi a firji, a ba kowane kilo 2 kusan awa 24, a ɗora shi a faranti a can ƙasa don kada ruwansa ya ɗiga kan wani abinci. In lokaci ya ƙure, a nutsar da shi cikin ruwan sanyi yana cikin ledarsa marar huji, ana sauya ruwan duk rabin awa. Kowane kilo zai ci kusan awa ɗaya, kuma da ya narke sai wuta. Wanke ɗanyen naman a ƙarƙashin famfo ba ya cire ƙwayoyin, fantsama su yake yi a kan kwanuka da teburi. A tsane shi da takardar goge hannu, a wanke hannun da sabulu.

Na biyu gishiri, kuma a nan ne ake samun riba mafi girma da ƙaramin aiki. Gishirin da aka barbaɗa a kan nama aka bar shi ya kwana yakan fara jawo ruwa waje, ya narke a cikinsa, sannan ruwan gishirin ya koma ciki sannu a hankali. Da ya shiga sai ya sassauta wani ɓangare na furotin ɗin, ta yadda in zafi ya zo ba za su tsuke da ƙarfi kamar da ba. Matsar ta ragu, ruwan da zai fita ya ragu, ɗanɗano kuma ya kai har tsakiya maimakon ya tsaya a fata. Gwargwadon da ya dace giram 8 zuwa 10 ne ga kowane kilo, wato kusan ƙaramin cokali ɗaya da rabi na gishiri mai laushi, a ɗan rage in akwai ƙashi. A ɗaga fatar da yatsu a shafa a kan tsokar kanta, a mayar da fatar, a sa a firji awa 12 zuwa 24. Akwai masu jiƙa shi cikin ruwan gishiri. Yana aiki, amma ni ban ga amfaninsa a wannan girkin ba: tukunyar da ma ruwa ne matsalarta, ba rashinsa ba, kuma naman da ya sha ruwa ɗanɗanonsa kan yi salam.

Sai dai a karanta takardar da ke jikin ledar tukuna. Ƙirjin talotalo da yawa da ake sayarwa a daskare an riga an yi masa allurar ruwan gishiri da romo a masana'anta, kuma ana rubutawa. Irin wannan in aka ƙara masa gishiri na kwana ɗaya, ba mai iya ci.

Mai ƙashi ko marar ƙashi? Mai ƙashi da fata ya fi jure kuskure, don ƙashin na rage saurin zafi ta ƙasa, fatar na kare sama, romonsa kuma ya fi jiki. Marar ƙashi ya fi sauƙin yanka da saurin nuna, ya kuma fi saurin zarcewa. Abin da zai raba gardama shi ne girman tukunya. Cikakken ƙirji mai kilo 2.5 zuwa 3 yana son doguwar tukunya mai cin lita 5 da rabi zuwa 6, kuma dole murfi ya zauna daram. Murfin da ke lilo a kan ƙashi tururi yake zubarwa, saman naman ba zai nuna tare da ƙasansa ba. In bai shiga ba, a datse haƙarƙarin da almakashin kicin ko a raba shi biyu.

Zubi da jira

A shimfiɗa albasa da aka yanka manya-manya a ƙasa, da karas, da seleri in akwai, da 'yan ƙwayoyin tafarnuwa. Aikinsu biyu ne. Suna ƙamsasa romo, suna kuma zama matashi da ke ɗaga naman daga gindin tukunya, don ya nuna da tururi maimakon ya tafasa cikin ruwa. Ruwa ko romo rabin kofi ya isa, wajen mililita 120. Hannu zai so ya ƙara, a hana shi. Tukunyar a rufe take, tururin da ya hau murfi komowa yake yi, albasa za ta saki nata ruwan, naman ma haka. Wanda ya nutsar da ƙirjin cikin ruwa dafaffen nama kawai zai samu, da romo tsararo.

A kwaɓa bota da masoro da tayim da garin jan tattasai, a tura mafi yawansa ƙarƙashin fata, a ɗora ƙirjin fata na kallon sama. Kada a cusa masa komai a ciki, don cushe na hana zafi ratsawa. Ma'aikatar Noman ta Amurka tana ba da shawarar a fara da babbar wuta na awa ɗaya in hali ya yi, sannan a mayar ƙarama, don naman ya yi saurin fita daga zangon haɗari. Shawara ce mai kyau, sai dai a tuna cewa za ta rage jimillar lokacin.

Lokacin kuwa kintace ne. Marar ƙashi mai kilo 1.5 kan nemi awa 3 zuwa 4 a ƙaramar wuta, mai ƙashi na kilo 3 kuma awa 5 zuwa 6. Amma wata tukunyar ta fi wata zafi, kaurin nama ya fi nauyinsa tasiri, kuma ƙaramin nama a babbar tukunya da sauri yake nuna. Don haka a fara aunawa awa ɗaya kafin lokacin da ake zato. Kafin nan a bar murfi ya zauna lafiya. Kowace buɗewa tururin da aka daɗe ana tarawa take saki, tukunyar kuma ba ta da ƙarfin mayar da shi da wuri.

Akwai tarko a tukwane masu agogo, waɗanda ke komawa kan ɗumi da kansu in lokaci ya cika. Mutum sai ya saki jiki, yana ganin girki ya tsaya. Bai tsaya ba. Tangaran mai kauri yana riƙe zafi, kuma naman da ya kai 74 aka bar shi ciki a rufe zai ci gaba da hawa. Da ya nuna a fitar da shi. In kuma wuta ta ɗauke ana tsakiyar dahuwa, wanda yake gida ya juye a tukunyar murhu ko oben ya ƙarasa nan take. Wanda ya dawo ya tarar ta ɗauke bai san tun yaushe ba, ƙa'idar ita ce a zubar ko da naman ya yi kama da nunanne. Da ciwo, amma ba ta da wata makawa.

Fatar da ba za ta yi ja ba

Duk wanda ya buɗe murfi karon farko sai gabansa ya ɗan faɗi. Fatar fara ce, jiƙaƙƙiya, ba ta da kyan gani. Ba laifin mai girki ba ne. Launin gashi da ƙamshinsa suna fitowa ne daga wata haɗuwa tsakanin furotin da sukari wadda masanin sinadarai ɗan Faransa Louis-Camille Maillard ya bayyana a 1912, kuma ba ta kankama sosai sai saman abinci ya bushe ya kai wajen digiri 140. Wurin da ruwa ya cika ba ya wuce 100. Ko kwana za a yi, ba za ta yi ja ba.

Gyaran mai sauƙi ne. A ɗauko ƙirjin a ɗora a tire, a tsane fatar, a shafa mata ɗan bota, a tura ƙarƙashin wutar sama ta oben na wajen minti 5, ana tsaye a kai, don tsakanin ja da ƙonewa ƙiftawar ido ne. Wanda ya yi niyyar haka ya sauke naman daga tukunya da ɗan saura, tunda wannan ma wuta ce. Marar oben ya ɗaye fatar gaba ɗaya ya shimfiɗa ta a kasko a kan wuta kaɗan-kaɗan, kitsenta zai fita ta soyu a cikinsa ta yi ƙamas. Ni wannan ta fi kwanta mini, don naman bai ƙara ganin wuta ba. Soya ƙirjin tun kafin ya shiga tukunya yana ƙara wa romo ɗanɗano da launi, amma ƙamas ɗin ba zai tsira daga awanni biyar na tururi ba.

Daga nan sai hutu na minti 15 zuwa 20, an lulluɓe shi sako-sako da takardar alminiyom. Naman da aka yanka da zafinsa a kan katako yake zubar da ruwansa. A zare kowane ɓari daga ƙashi ɗungurungum, a dubi inda zaruruwan suka miƙe, a yanka a gicciye. Wuƙa ta gajarta su, haƙori ya samu sauƙi.

Ruwan da ya taru a tukunya kada a yi wasa da shi. A tace, a bar shi ya kwanta, a kwashe kitsen sama. A narkar da bota cokali 2 a ƙaramar tukunya, a zuba fulawa cokali 2 a juya na minti biyu har ƙarnin gari ya tafi, sannan a riƙa zuba romon kaɗan-kaɗan, wajen kofi 2, ana kaɗawa har ya yi kauri. Gishiri sai an ɗanɗana, don wanda aka shafa wa naman wani ɓangarensa yana nan ciki. Wannan romon ne kuma ke ceton ƙirjin da ya riga ya zarce: a yayyanka shi siri-siri ko a zazzare shi, a jiƙa cikin romo mai zafi. Ruwan bai koma cikin zaruruwan ba, amma ya lulluɓe su, ya yi musu aikin da jijiya ke yi wa ƙauri.

Ragowa tana da nata haɗarin, wanda mutane ba su cika kawowa a rai ba saboda suna ganin ai an riga an dafa. Akwai wata ƙwayar cuta, Clostridium perfringens, da ke ɓuya cikin wani ƙoƙo mai tauri wanda dahuwa ba ta fasawa. Da nama ya fara hucewa a hankali sai ta farka ta yi ta ninkuwa, wanda ya ci kuma ya kamu da murɗar ciki da gudawa cikin awa 6 zuwa 24. Hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka ta lura cewa ɓarkewarta ta fi yawa a watannin Nuwamba da Disamba, lokacin bukukuwan da ake dafa talotalo da manyan gasassun nama a can. Mazubin tangaran, da yake a hankali yake hucewa, gida ne mai daɗi gare ta. Saboda haka kada a bar ragowa a cikinsa, kada kuma a tura shi firji da abincin a ciki. A yanka naman, a rarraba a ƙananan robobi marasa zurfi, a sa firji kafin awa 2 ta cika, ko awa 1 in zafin gari ya haura digiri 32. A cinye cikin kwana 3 zuwa 4 ko a daskarar. Wajen ɗumame a yi a murhu ko oben har ya koma 74, ba a tukunyar sannu-sannu ba, don jinkirinta zai sake zaunar da shi a zangon da ake gudu.

Ƙashin da aka zare, da guntayen fata da duk abin da wuƙa ta bari, a mayar da su cikin tukunyar tun da ɗuminta, a ƙara sabuwar albasa da karas, a zuba ruwa ya rufe su. A kunna ƙaramar wuta a tafi a kwanta. Awa 8 ko 10 ba za su yi masa komai ba sai ƙarin jiki, kuma da safe in aka tace aka sa a firji, romon zai daskare har cokali ya tsaya a ciki.